Cilofungin: Maganin Fangas da Aka Dakatar Kafin Ya Shiga Kasuwa, da Magadan da Ya Bari

Idan ka rubuta kalmar Cilofungin a Google, abin da zai fito maka bai taka kara ya karya ba. 'Yan layuka ne da Turanci masu cewa maganin gwaji ne na cututtukan fangas, kamfanin Eli Lilly na Amurka ne ya ƙirƙiro shi, daga baya aka dakatar da shi. Babu shi a kemis, babu shi a asibiti, kuma ba a taɓa ba shi lasisin shiga kasuwa ba a ko'ina a duniya. Wanda ya tsaya a nan zai ɗauka wani shirme ne aka gwada, bai yi ba, aka watsar.

Masu bibiyar harkar fasaha sun san ba a nan irin wannan labari yake ƙarewa ba. Burauzar Netscape ta mutu, amma aikin Mozilla da aka fara a 1998, lokacin da kamfanin ya saki asalin rubutun manhajarsa, shi ne ya haifi Firefox. Kwamfutocin NeXT ba su yi kasuwa ba, amma a kan babbar manhajarsu aka gina macOS da iOS. Tarihin Cilofungin ma haka yake. Magungunan da likitoci ke fara ɗaukowa a yau idan fangas ɗin Candida ya shiga jinin mutum danginsa ne, ɗaya daga cikinsu ma gidansu ɗaya. Abin da ya kashe shi kuma abu ne da duk mai gina manhaja zai gane nan take: injin yana aiki, amma hanyar isar da shi ga mai buƙata ce ta lalata komai.

Me ake nufi da fangas, kuma me ya sa maganinsa ke da wuyar samu?

Fangas wani babban rukuni ne na halittu da ya haɗa da funfunar da ke fitowa a kan burodi, yis ɗin da ake kwaɓa fulawa da shi, da kuma ƙwayoyin da ke haddasa makero da ƙyasbi a fata. Yawancin waɗanda muka saba da su ba sa wuce fata, kuma man shafawa ko ƙwaya na maganinsu. Matsalar tana girma ne idan garkuwar jikin mutum ta yi rauni, kamar mai ɗauke da HIV da ba ya shan magani, mai jinyar kansa, wanda aka yi wa dashen ƙoda, jaririn da aka haifa bakwaini, ko wanda ya daɗe kwance a ɗakin kulawa ta musamman da robobi a jijiyarsa. A irin waɗannan mutane, Candida da ke zaune lafiya a baki da hanjin mutane da yawa yana iya kutsawa cikin jini, ya kama ƙoda, ido ko zuciya, kuma yana kisa.

Kashe bakteriya ya fi sauƙi saboda gininta ya sha bamban da namu. Fangas kuwa ɗan uwa ne na kusa: ƙwayar halittarsa ta fi kama da ta mutum. Saboda haka duk gubar da za ta kashe shi tana iya taɓa mai jinyar. Ka ɗauka kamar manhajar leƙen asiri ce da aka rubuta da kusan irin rubutun babbar manhajar wayarka, ta yadda duk abin da zai goge ta yana iya goge wani sashe na wayar.

Har zuwa shekarun 1980, babban makamin likitoci a kan fangas mai shiga jini shi ne Amphotericin B, wanda aka gano a shekarun 1950 daga wata bakteriyar ƙasa da aka ɗebo a yankin kogin Orinoco na Benezuwela. Yana aiki ne ta hanyar manne wa wani kitse mai suna ergosterol da ke jikin tantanin fangas, ya huda shi. To amma ergosterol yana kama da kolestarol ɗin jikinmu, don haka maganin yana wahalar da ƙoda, yana sa zazzaɓi da karkarwa. A daidai lokacin ne kuma cutar AIDS ta ɓulla, dashen sassan jiki da jinyar kansa suka ƙaru, masu raunin garkuwa suka yi yawa a asibitoci. Kowane babban kamfanin magani ya shiga neman abin da zai bugi fangas ba tare da ya bugi mutum ba.

Bangon da mu ba mu da shi

Akwai wuri guda da fangas ya bambanta da mu ƙwarai. Ƙwayar halittarsa tana da bango mai tauri a waje, mu tamu ba ta da shi. Babban tubalin wannan bango wani nau'in sukari ne mai dogon zare da ake kira beta-glucan, kuma akwai wani enzayim, wato ƙaramin injin sinadarai na cikin halitta, da aikinsa shi ne saƙa wannan zare. Idan aka tsayar da injin, bangon zai yi rauni, ruwa ya cika ƙwayar, ta kumbura ta fashe. Tun da mutum ba shi da bangon, ba shi da injin saƙa shi, maganin ba zai sami abin bugu a jikinmu ba.

Dabarar ba baƙuwa ba ce. Haka penisilin ke yi wa bakteriya, yana hana ta gina bangonta. Shi ya sa masana suka riƙa kiran abin da ake nema da penisilin ɗin fangas.

A 1974 masu bincike a Suwizalan suka ba da rahoton wani sinadari da ke yin daidai wannan aiki. Sun samo shi ne daga wata funfuna, wani reshe na Aspergillus nidulans, suka sa masa suna Echinocandin B. Siffarsa kamar zobe ce mai jela: zoben an haɗa shi da tubalan furotin guda 6, jelar kuma dogon zaren kitse ne mai ƙwayoyin kabon 18. A faranti na ɗakin gwaji yana kashe Candida sosai. Sai dai jelar ta zo da masifa, domin tana farfasa jajayen ƙwayoyin jini. Ba wanda zai yi wa mara lafiya allurar abin da zai narkar masa da jini.

Yadda Lilly ya canza jelar

A nan ne masanan Eli Lilly da ke birnin Indiyanafolis suka shigo, cikinsu har da masanin sinadarai Manuel Debono. Tunaninsu shi ne: idan zoben ne ke tsayar da injin fangas, jelar kuma ita ce ke ɓarna a jini, a cire jelar a sa wata. Wahalar ita ce yanke jelar ba tare da an lalata zoben ba, domin sinadaran yanka na ɗakin gwaji ba su da tausayi. Sai suka yi amfani da wani enzayim daga wata bakteriyar ƙasa mai suna Actinoplanes utahensis, wanda ke yanke jelar daidai a gaɓarta ya bar zoben lafiya.

Da suka sami tsuran zobe, sai suka riƙa ɗaura masa jeloli iri-iri na haɗin ɗakin gwaji, suna auna abu biyu a kowanne: ƙarfin kashe Candida, da yawan ɓarna a jini. Mai gina manhaja zai ce sun bar ainihin injin yadda yake, suna sauya sashe guda suna gwadawa. Abu ɗaya da suka tabbatar shi ne, zoben da babu jela ba ya komai. Jelar ce ke kafa maganin a jikin tantanin fangas, kusa da injin da ake son tsayarwa. Saboda haka ba a iya rabuwa da ita, sai dai a nemo wadda ta dace.

Wadda ta yi zarra ita ce jela mai zoben benzin guda ɗaya da zaren kabon 8. Sinadarin da ya fito aka ba shi lambar LY121019, kuma a 1984 aka wallafa sakamakon farko na aikinsa a kan Candida da gwajin gubarsa a dabbobi. Ɓarnarsa a jajayen ƙwayoyin jini ta ragu ƙwarai idan aka kwatanta da uban da aka ciro shi daga gare shi. Shi ne daga baya aka raɗa wa suna Cilofungin.

Ma'anar sunan

Sunayen magunguna ba a yin su da ka. Kowane magani yakan ratsa sunaye uku, kamar yadda wayar da ke hannunka ke da lambar samfuri a ƙasan kwali da kuma sunan talla a samansa.

Na farko shi ne lambar cikin gida. A LY121019, haruffan LY na nuna kamfanin Lilly ne, lambar kuma ita ce shaidar sinadarin a rumbun kamfanin. Na biyu shi ne sunan gama-gari da duniya ta amince da shi, wanda Hukumar Lafiya ta Duniya ke kula da tsarinsa. A wannan tsari, ƙarshen suna ne ke faɗa maka dangin magani. Duk sunan da ya ƙare da "fungin" maganin fangas ne. Wanda ya ƙare da "conazole", kamar fluconazole da ketoconazole, na wani dangin ne da ke hana fangas ƙera ergosterol. Farkon sunan kuma aikinsa shi ne bambanta magani da 'yan uwansa don kada a rikita su a takardar likita. Na uku shi ne sunan kasuwa, wanda kamfani ke zaɓa idan ya sami lasisi. Cilofungin bai kai ga wannan ba, ya tsaya a na biyu.

Sunan dangin ma yana da ma'ana. "Echino" daga kalmar Girkanci ce mai nufin bushiya, kuma ta shigo ne ta sunan reshen funfunar da aka fara samun sinadarin a cikinta, wato echinulatus. "Candin" kuma daga Candida ne, abin da yake kashewa.

Abin da gwaje-gwaje suka nuna

Cilofungin yana da ƙarfi a kan Candida albicans da Candida tropicalis, biyu daga cikin manyan masu shiga jini. A kan wasu nau'o'in, kamar Candida parapsilosis, ƙarfinsa ya ragu. A kan Cryptococcus kuwa, fangas ɗin da ke haddasa sanƙarau ga masu HIV, ba ya aiki. Wannan gibin har yau yana nan a duk danginsa.

Masu bincike sun kuma ci karo da abubuwa biyu masu ban mamaki. A 1988 aka ba da rahoton cewa a faranti, idan aka zuba maganin da yawa fiye da kima, wasu ƙwayoyin Candida sukan koma girma, alhali ɗan madaidaici yana kashe su. Daga baya an fahimci cewa idan aka matsa wa fangas, yakan koma ƙara yawan wani tubalin bangon mai suna chitin don ya toshe ɓarakar. An sake ganin wannan hali a magungunan da suka biyo baya, kuma har yanzu ana nazarinsa.

Na biyu ya shafi daɗewarsa a jiki. Jiki yana fitar da Cilofungin da sauri, don haka allura ɗaya ba ta daɗewa. Binciken da Thomas Walsh da abokan aikinsa suka wallafa a 1991 a kan zomaye ya nuna cewa idan aka riƙa ɗura maganin a hankali ba tsayawa, hanyar da jiki ke fitar da shi takan cika, yawansa a jini ya ɗaga, aikinsa ya ƙaru. Ma'ana, don ya yi aiki da kyau sai an ba da shi da yawa kuma a kai a kai. Ka riƙe wannan, domin shi ne ya ƙara wa matsalar da ke tafe nauyi.

Duk da haka sakamakon ya isa a ce a gwada shi a jikin mutane. Gwajin magani a kan mutane hawa uku ne. A mataki na 1 ana ba wa mutane kaɗan, yawanci masu lafiya, don a ga ko jiki zai ɗauka. A mataki na 2 ana ba wa marasa lafiya don a ga ko yana aiki da kuma adadin da ya dace. A mataki na 3 ana kwatanta shi da maganin da ake da shi a kan ɗaruruwa ko dubban mutane. Kusan 9 cikin 10 na magungunan da ke shiga wannan tsani ba sa kai ƙarshensa. Cilofungin shi ne ɗan dangin echinocandin na farko da ya taka tsanin, kuma ya kai mataki na 2.

Mahaɗin da ya kayar da shi

Cilofungin ƙato ne a ma'aunin sinadarai. Nauyin ƙwayarsa ya haura 1,000, alhali na fluconazole bai wuce 306 ba, na farasitamol kuma 151. Sinadari mai wannan girma da wannan siffa ba ya ratsa hanji da kyau, saboda haka ba batun haɗiya, sai ta jijiya. Duk abin da zai shiga jijiya kuma dole ya narke sarai. Cilofungin kuwa, da jelarsa ta kitse, ba ya son ruwa.

Mafitar da aka samu ita ce a narkar da shi a cikin wani mahaɗi mai suna polyethylene glycol, ko PEG a taƙaice. PEG ba baƙon abu ba ne, yana cikin magunguna da mayuka da yawa, kuma a ɗan ƙaramin adadi ba ya cutarwa. To amma ka tuna maganin yana buƙatar a ba da shi da yawa kuma a kai a kai. Duk lokacin da aka ƙara maganin, an ƙara mahaɗin.  Idan ƙananan nau'o'in PEG suka taru a jiki, jiki yakan juya wani sashe nasu zuwa sinadarai masu tsami, jini ya yi tsami fiye da kima, ƙoda ta ƙara jigata. Gubar da aka danganta da wannan mahaɗi ita ce ta sa aka tsayar da gwajin, Lilly ya rufe shafin Cilofungin.

Duk wanda ya taɓa haɗa manhaja ya san irin wannan. Ka rubuta aikinka yana tafiya daidai, amma don ya hau wayar mutane sai ka jingina shi da wani kunshin rubutu na waje, kunshin kuma ya zo yana cinye batir yana sa waya daskarewa. Mai wayar ba ruwansa da cewa laifin na kunshin ne. Abin da ya sani shi ne manhajar ta ɓata masa waya, kuma zai goge ta. A asibiti abin ya fi haka tsanani, domin ƙodar mutum ce a kan layi.

Tarihin magunguna cike yake da darasin mahaɗi. A 1937 wani kamfani a Amurka ya narkar da maganin sulfanilamide a cikin diethylene glycol, mutane fiye da 100 suka mutu, abin da ya sa aka kafa dokar 1938 da ta wajabta gwajin lafiyar magani kafin a sayar. A Najeriya ma, a ƙarshen 2008 zuwa farkon 2009, wannan sinadari ya gurɓata maganin haƙoran yara na My Pikin, kuma alƙaluman gwamnati sun nuna yara 84 sun rasu. A kula, diethylene glycol guba ce tsantsa, daban take da PEG, kuma labarin Cilofungin ya bambanta da waɗannan ta wata fuska mai muhimmanci: an gano matsalarsa tun a matakin gwaji, a ƙarƙashin idon likitoci, aka tsayar kafin ya kai kasuwa. Aikin da aka gina tsanin gwaji dominsa ke nan.

Magadan da suka gyara kuskuren

Cilofungin ya bar wa masu bincike abubuwa uku a hannu. Ya nuna cewa ana iya sauya jela a kawar da ɓarnar jini. Ya ƙarfafa tunanin cewa tsayar da injin beta-glucan hanya ce ta gaske ta yaƙar Candida a jiki mai rai. Ya kuma fayyace matsalar da ta rage: narkewa a ruwa da daɗewa a jiki. Kamfanoni uku suka bi hanyoyi uku.

Merck ya fara daga wani sinadari ɗan uwa mai suna pneumocandin B0, wanda ke fitowa daga fangas ɗin Glarea lozoyensis da aka samo a kwarin kogin Lozoya, kusa da Madrid a Sifaniya. Masanansa sun gyara zoben ta hanyar ƙara masa sassa masu ɗauke da caji, waɗanda ke sa shi narkewa a ruwa. Sakamakon shi ne caspofungin, wanda hukumar FDA ta Amurka ta amince da shi a Janairun 2001 da sunan kasuwa Cancidas. Shi ne na farko a dangin da ya shiga asibiti, shekara 27 bayan rahoton Echinocandin B.

Kamfanin Fujisawa na Japan, wanda daga baya ya zama ɓangaren Astellas, ya yi sa'ar samun wani fangas mai suna Coleophoma empetri da ke ƙera zoben da wani sashe na salfet a jikinsa, wanda ke sa shi narkewa tun daga asali. Suka cire masa jela da irin enzayim ɗin da Lilly ya yi amfani da shi, suka ɗaura sabuwa. Wannan shi ne micafungin, wanda aka amince da shi a Japan a 2002, a Amurka kuma a 2005.

Lilly shi ma bai jefar da zoben Echinocandin B ba. Ya koma teburin gwaji ya ƙera sabuwar jela mai zoben benzin 3 a jere da zaren kabon 5. Sabon sinadarin, LY303366, ya fi Cilofungin ƙarfi nesa ba kusa ba, ya kama nau'o'in Candida da yawa har da Aspergillus, kuma yana daɗewa a jiki har allura ɗaya ta wadatar a yini. Ƙarfin nan ne ya sauƙaƙa matsalar mahaɗi, domin idan magani kaɗan ya isa, mahaɗi kaɗan ake buƙata. A 1999 Lilly ya ba wa wani ƙaramin kamfani mai suna Versicor lasisinsa. Versicor ya zama Vicuron, Pfizer ya sayi Vicuron a 2005 kan kusan dala biliyan 1.9, sannan a Fabrairun 2006 FDA ta amince da maganin. Sunansa anidulafungin, daga sunan funfunar asali, Aspergillus nidulans. Ko shi ma, a farkon fitowarsa sai an narkar da shi da ruwa mai kashi 20 na barasar asibiti, kafin daga baya a fito da samfurin da ke narkewa a tsuran ruwan allura.

A wani babban gwaji da aka wallafa a 2007, an kwatanta anidulafungin da fluconazole a kan masu Candida a jini da sassan ciki. An yi nasara a kan kusan kashi 76 cikin 100 na waɗanda aka ba anidulafungin, da kusan kashi 60 na waɗanda aka ba fluconazole. Zoben da ke cikin wannan magani shi ne dai zoben da ke cikin Cilofungin, jela kawai aka canza.

Zuriyar ba ta tsaya nan ba. A Maris 2023 FDA ta amince da rezafungin, wanda aka gina a kan anidulafungin da ɗan gyara a zoben da ya sa ya fi jurewa a jiki, har ana yin allurarsa sau ɗaya a mako. Ka auna nisan tafiyar: daga maganin da sai an riƙa ɗurawa ba tsayawa, zuwa jikansa da ake yi sau ɗaya a kwana bakwai.

Inda aka tsaya a yau

Buƙatar waɗannan magunguna ƙaruwa take yi. A 2009 aka fara ba da rahoton wani sabon nau'i mai suna Candida auris a Japan. Yana yaɗuwa a asibitoci, yana daɗewa a kan gadaje da kayan aiki, kuma yawancinsa fluconazole ba ya kama shi. Dangin echinocandin ne ake fara tunkararsa da su. A Oktoban 2022 Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar da jerin fangas 19 mafi haɗari ga ɗan Adam, kuma guda 4 da ta sa a sahun gaba su ne Cryptococcus neoformans, Candida auris, Aspergillus fumigatus da Candida albicans. Shekara guda kafin nan, a 2021, ta sa dangin echinocandin a jerin muhimman magungunan da ya kamata kowace ƙasa ta tanada.

Sai dai wani sashe na matsalar Cilofungin bai warware ba. Har yau duk dangin ta jijiya ake ba da su, babu na haɗiya. Suna da tsada, kuma kafin a yi amfani da su yadda ya kamata sai an sami ɗakin gwajin da zai tabbatar fangas ne a jini, ya kuma faɗi nau'insa. A asibitocin da babu waɗannan, cikinsu har da da yawa a ƙasashenmu, mai Candida a jini yana iya shan maganin bakteriya kala-kala a banza ba tare da an gano abin da ke damunsa ba. Fangas ɗin ma ba ya zaune: akwai waɗanda suka sami canji a ƙwayar gadon da ke ƙera injin beta-glucan, wadda ake kira FKS, har maganin ya daina kama su da kyau.

Abin da za ka ɗauka daga nan

Da yawanmu idan likita ya rubuta magani, ko muka ga wani suna a bidiyon TikTok, waya muke ɗaukowa mu bincika. Ga abubuwan da labarin nan zai taimaka maka da su.

Ka duba matsayin maganin kafin ka duba abin da aka ce yana yi. Idan shafi ya ce magani yana kashe wata cuta a faranti ko a jikin ɓera, wannan matakin farko ne kawai. Echinocandin B ma yana kashe Candida a faranti, kuma yana farfasa jini.

Idan ka ga an ce an dakatar da magani, ka nemi dalili. Wani saboda guba ne, wani saboda bai yi aiki ba, wani saboda mahaɗi ko kuɗi. Masu yaɗa cewa kamfanoni sun ɓoye wani magani mai warkar da komai sukan fake da irin waɗannan sunaye. A batun Cilofungin, kamfanin da ya dakatar da shi shi ne ya koma ya ƙera wanda ya fi shi.

Ka riƙa karanta jerin mahaɗan da ke jikin kwali, musamman idan maganin na ruwa ne kuma na yara ne, ka kuma tabbatar da lambar rajistar NAFDAC. Hukumar tana da rumbun bayanai na Greenbook da za ka iya bincika sunan magani a cikinsa ta wayarka.

Kada ka riƙa haɗiyar fluconazole duk lokacin da ka ji ƙaiƙayi ba tare da ganin ma'aikacin lafiya ba. Dangogin maganin fangas mai shiga jini da duniya ta dogara da su ba su wuce a ƙirga da yatsun hannu ɗaya ba, kuma ka ga yadda ɗaya daga cikinsu ya ɗauki shekara 27 daga ganowa zuwa gadon asibiti. Duk lokacin da aka sha su ba bisa ƙa'ida ba, ana ba wa fangas damar koyon yadda zai jure musu.